Tyranny da kama-karya: kalmar da ake jifa da ita, da abin da take nufi

A ranar 18 ga Maris, 2025, Shugaba Bola Tinubu ya ayyana dokar ta-ɓaci a Jihar Ribas. Ya dakatar da Gwamna Siminalayi Fubara da mataimakiyarsa da 'yan majalisar dokokin jihar na wata shida, ya naɗa tsohon babban hafsan sojin ruwa, Ibok-Ete Ibas, a matsayin kantoma. Kafin a kwana biyu, jaridun Turanci sun cika da kalmomi irin su tyranny da dictatorship da impunity. Da labarin ya iso kunnen mai sauraron rediyon Hausa a unguwar Kawo ko Rigasa a Kaduna, duk waɗannan kalmomi sun narke sun koma abu guda: mulkin kama-karya.

Fassarar ba ƙarya ba ce, amma ta yi wa kalmomin kuɗin goro. Kowace daga cikinsu zargi ne daban, kuma kowane zargi yana da wurin da ake kai kukansa. A cikinsu tyranny ce ta fi tsufa a fagen siyasa, ita ce kuma ta fi saurin fita daga bakin ɗan adawa, don haka da ita ya kamata a fara.

Yadda Bature ke amfani da ita

Tyrant shi ne mutumin, ana furta shi kamar "tairant". Tyranny shi ne mulkin ko aikin, ana furta shi kamar "tirani". Tyrannical siffa ce, tyrannise kuma aikatau ne, wato a gallaza wa wani da ƙarfin iko.

Ƙamusoshin Turanci sun kasa ma'anar gida uku. Na farko, gwamnatin mutum ɗaya wanda babu doka ko majalisar da ke taka masa birki. Na biyu, amfani da iko cikin mugunta da rashin adalci, ko da wa yake hannu. Na uku ya bar fadar gwamnati ya shigo gida da kasuwa: maigidan da iyalinsa ke rawar jiki in sun ji takunsa, ko shugaban ma'aikatar da ba a yi masa musu, duk Bature zai kira su tyrant. Har abin da ba shi da rai ana jingina masa kalmar, a ce agogo ko nisan tafiya ko talauci ya zame wa mutum tyranny, ma'ana ya hana shi sakat. Masanin da ya raɗa wa ƙaton dabban nan na zamanin da suna a 1905, Tyrannosaurus rex, daga wannan tushe ya ɗebo, sunan kuwa yana nufin sarkin azzaluman ƙadangaru.

Da farko ba zagi ba ce

Daga Girkanci kalmar ta fito, ta bi ta Latin da tsohon Faransanci kafin ta shiga Turanci. A wurin Girkawan farko, tyrannos shi ne wanda ya hau mulki ba ta hanyar gado ko dokar gari ba. Maganar yadda aka hau ce, ba yadda ake riƙo ba. Pisistratus, wanda ya ƙwace mulkin birnin Atina a ƙarni na 6 kafin Miladiyya, tyrannos ne, amma tarihi ya shaide shi da ba ƙananan manoma rance da tura alƙalai ƙauyuka don kada talaka ya bar gonarsa ya taho birni neman shari'a.

Na bayansa ne suka ɓata sunan. An kori ɗansa Hippias a shekara ta 510 kafin Miladiyya, bayan mulkinsa ya koma na tsoro da kisa. A 404 kafin Miladiyya kuma wasu mutum talatin suka riƙe birnin na kimanin wata takwas, suka kashe jama'a da yawa, suka ƙwace dukiyoyi. Daga nan masana irin su Aristotal suka ba kalmar sabon ma'auni: sarki yana mulki don amfanin jama'a, tyrant yana mulki don amfanin kansa.

Waɗannan ma'anoni biyu ba su rabu da kalmar ba har yau, kuma su ne tushen yawancin ruɗanin. Akwai wanda ake tuhuma da hawa ta ɓarauniyar hanya. Akwai wanda ya hau ta ƙofa, amma ake tuhumar riƙonsa. Sojan da ya yi juyin mulki ya faɗa gida na farko tun daga ranar da aka ji muryarsa a rediyo, ko da bai taɓa kowa ba. Zaɓaɓɓen gwamna ba ya cikin gida na farko, amma ƙuri'a ba ta wanke shi daga na biyu. Idan mutum biyu suna gardama a teburin mai shayi, ɗaya yana cewa "ai zaɓensa aka yi", ɗayan yana cewa "ai ga abin da yake yi", sau da yawa kowa gidansa yake tsaye, ba su ma haɗu ba.

Amurkawa suka ƙara ma'auni na uku. Takardar ayyana 'yancinsu ta 1776 ta kira halin Sarki George na III na Birtaniya halin tyrant. A 1788 kuma James Madison ya rubuta cewa tara ikon yin doka da na zartarwa da na shari'a a hannu ɗaya, ko na mutum guda ne, ko na 'yan tsiraru, ko na masu yawa, ko gado aka yi ko zaɓe, shi ne ainihin ma'anar tyranny. A wannan ma'auni ba sai an jira mai mulki ya yi mugunta ba. Da zarar wuƙa da nama sun haɗu a hannunsa, an riga an shiga. Sashe na 4 da na 5 da na 6 na kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999, waɗanda suka raba iko tsakanin majalisa da ɓangaren zartarwa da kotuna, jikokin wannan tunani ne.

'Yan uwanta da ake rikita ta da su

Dictator ma ba zagi ba ce a asali. Muƙami ne a tsohuwar jamhuriyar Roma, ana ba mutum ɗaya cikakken iko idan yaƙi ya matso, amma na wata shida kacal. Yuliyas Kaisar ne ya sa aka mayar masa da muƙamin na har abada a shekara ta 44 kafin Miladiyya, kuma a shekarar aka kashe shi. Wata shidan da sashe na 305 na kundinmu ya ɗebar wa dokar ta-ɓaci ya yi daidai da wa'adin Romawa. A yau dictator na nufin mai mulkin da ba ya fuskantar zaɓe na gaskiya, kuma ba shi da ranar sauka, irin wanda Bahaushe ke kira mahadi-ka-ture.

Despot daga kalmar Girkanci ta ubangijin bayi ta fito, don haka tana ɗauke da ma'anar mai ɗaukar talakawa kamar kayansa. Autocrat shi ne mai yanke hukunci shi kaɗai ba shawara, ko da ba mugu ba ne. Authoritarian siffar gwamnatin da ke buƙatar biyayya ce, ta ƙuntata wa adawa da 'yan jarida, amma ta bar mutum da kasuwarsa da ibadarsa. Totalitarian, wadda ta ɓullo a Italiya zamanin Mussolini a shekarun 1920, ita ce wadda ba ta bar komai ba, har tunanin cikin zuciya tana so ta mallaka.

Impunity ba irin mulki ba ce ko kaɗan. Tana nufin aikata laifi ba tare da fargabar hukunci ba. Bahaushe ya daɗe da kammala fassararta: cin kare ba babbaka.

Hausa ba ta rasa nata ba

Mai fassara da ke cikin gaggawa yakan ɗauki kama-karya ya rufe komai da ita, alhali harshen ya tanadi kalmomi masu rarrabewa. Kama-karya ta fi dacewa da yin hukunci bisa son rai, ba bincike ba sauraro. Danniya tana nuna nauyin da na sama ya ɗora wa na ƙasa, irin na kashin dankali. Fin ƙarfi shi ne a ƙwace maka haƙƙi kana gani don ba ka da yadda za ka yi. Babakere da kaka-gida maganar mamaye muƙamai da dukiya ce. Wuce gona da iri shi ne mai iko ya tsallake iyakar da doka ta shata masa, ko da niyyarsa mai kyau ce. Mulkin mallaka kuwa ya riga ya zama sunan zamanin Turawa, wanda Kaduna ta zama hedikwatarsa a Arewa tun 1917.

Idan ana neman wadda ta fi kusa da nauyin tyranny a zuciyar mai sauraro, zalunci ce, sai kuma fir'aunanci. Fir'auna misali ne da Musulmi da Kirista duk suka sani daga littattafansu, kuma kalmar da Alƙur'ani ya siffanta shi da ita tana nufin ƙetare iyaka, kamar yadda ruwa ke cika ya tumbatsa. Malaman jihadi sun gina hujjarsu a kan sarakunan Haɓe da wannan zargi, na haraji ba bisa ƙa'ida ba da ƙwacen dukiya da cin hanci a wurin shari'a. Maganar nan da ake dangantawa ga Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, cewa mulki na iya ɗorewa da kafirci amma ba ya ɗorewa da zalunci, ma'auninta ɗaya da na Aristotal: ba a tambayar wane ne mai mulki, ana tambayar me yake yi da shi. Da aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano a 1950, da wannan kalma ta zalunci ta tunkari En'e da 'yan dokarta da kotunanta.

Lokacin da doka kanta ta zama bulala

Zamanin soja ne ya fi ba da misalin da ba a cika gardama a kansa ba, saboda ya cika ma'aunin Madison ƙarara. Majalisar ƙoli ta soja ita ke yin doka, ita ke zartarwa, sannan ta saka sharaɗi a cikin dokar cewa babu kotun da ke da hurumin duba ta. Dokar soja mai lamba 2 ta 1984 ta ba da damar tsare mutum ba tare da shari'a ba saboda dalilin tsaro. Mai lamba 4 ta wannan shekarar ta haramta buga abin da zai kunyata jami'in gwamnati, kuma da ita aka ɗaure 'yan jaridar Guardian biyu, Tunde Thompson da Nduka Irabor, shekara guda kowannensu.

Duk wannan a rubuce yake, da lamba da sa hannu. Wato "bisa doka aka yi" ba ya rufe maganar tyranny, tun da mai ikon yana iya rubuta wa kansa dokar. Masu kare wancan zamani suna cewa ƙasar ta lalace da sata da rashin ɗa'a, sai da hannun ƙarfe. Wannan hujja ce game da dalili. Ba ta musanta siffar mulkin ba, tana cewa ne siffar ta zama dole.

Danniyar masu rinjaye, da abin da ya faru a 1981

Akwai wani amfani da kalmar da ke ba mutane mamaki, wato tyranny of the majority. Bafaranshe Alexis de Tocqueville ya yaɗa shi a 1835 bayan ya zagaya Amurka, John Stuart Mill na Ingila ya faɗaɗa shi a 1859. Abin da suke nufi shi ne, masu rinjaye ma suna iya danne marasa rinjaye, kuma tasu danniyar ta fi wuyar kamawa saboda tana sanye da rigar dimokuraɗiyya. A Kenya, gabanin zaɓen 2013, an yi ta maganar tyranny of numbers, wato ƙabilun da suka fi yawa su haɗa kai su ci zaɓe tun kafin a kaɗa ƙuri'a.

Mutanen Kaduna ba sa buƙatar zuwa Kenya. A 1979 tsohuwar Jihar Kaduna, wadda ta haɗa da Katsina ta yau, ta zaɓi Alhaji Abdulƙadir Balarabe Musa na PRP a matsayin gwamna, amma ta ba NPN rinjaye a majalisar dokoki. Majalisar ta yi ta ƙin amincewa da sunayen kwamishinonin da ya aika, har ya yi kusan shekara biyu yana mulki ba majalisar zartarwa. A watan Yunin 1981 ta tsige shi, gwamna na farko da aka yi wa haka a Najeriya, mataimakinsa Abba Musa Rimi ya hau.

Har yau ana karanta wannan lamari ta fuska biyu. 'Yan majalisar sun ce gwamnan ne ke gaban kansa, yana yanke hukunci da kashe kuɗi ba tare da su ba, kuma tsigewa makami ne da kundin 1979 ya ba su. Magoya bayansa sun ce su ne suka hana shi kwamishinoni sannan suka tuhume shi da mulki shi kaɗai, kuma yawan kujeru kawai suka yi amfani da shi suka soke zaɓin talakawa. Kowane ɓangare yana jifan ɗayan da zargi iri ɗaya, ɗaya da ma'anar mutum guda, ɗaya da ma'anar masu rinjaye. Kotunan lokacin sun ce kundin ya hana su shiga maganar tsigewa. Sai a ƙarshen 2006, a shari'ar Gwamna Rashidi Ladoja na Oyo, Kotun Ƙoli ta tabbatar da cewa idan majalisa ba ta bi matakan da kundi ya shimfiɗa ba, kotu na da hurumin soke tsigewar.

A koma kan dokar ta-ɓaci

Sashe na 305 ya ba shugaban ƙasa ikon ayyana dokar ta-ɓaci idan zaman lafiya ya rushe har ana buƙatar matakan da ba na yau da kullum ba, da sharaɗin kashi biyu cikin uku na kowace majalisar tarayya su amince. Sashen bai ambaci dakatar da gwamna da sunansa ba, kuma a nan gardamar take. Obasanjo ya dakatar da Joshua Dariye a Filato a 2004, ya kuma naɗa kantoma a Ekiti a 2006. Jonathan ya ayyana dokar a Borno da Yobe da Adamawa a 2013, ya bar gwamnoni a kan kujerunsu. Kowane ɓangare yana da misalin da zai nuna.

Masu goyon bayan matakin Ribas sun ce gwamna da majalisarsa sun kasa aiki tare, an fara kai wa bututun mai hari, kuma matakin na da wa'adi. Wa'adin ya cika a Satumban 2025, gwamnan ya koma ofis. Masu suka sun ce kundin ya riga ya tsara hanyar cire gwamna a sashe na 188, kuma majalisar tarayya ta amince ne da ƙuri'ar murya, wadda ba ta nuna ko an kai kashi biyu cikin uku. Idan aka auna da kalmomin da aka bi a baya, ainihin ƙorafin masu suka wuce gona da iri ne, da kuma zargin majalisa da zama 'yar amshin shata. Waɗannan tuhume-tuhume ne da ake iya gwadawa da takarda. Tyranny hukunci ne da mutum ke yankewa bayan ya gamsu da su, kuma 'yan siyasa na kowace jam'iyya sun saba fara magana daga hukuncin.

Ina ruwan talaka

Ruwansa shi ne, kowace kalma tana nuna ƙofa daban. Ɗan kasuwar da aka rushe wa shago, idan ya ce kama-karya ce, ya faɗi zafin da yake ji, amma lauya ba zai iya shigar da wannan a kotu ba. Tambayoyin da ke aiki su ne ko yana da takardar mallaka, ko an ba shi sanarwa, ko an karɓe filin ne don amfanin jama'a kamar yadda Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta sharɗanta, da kuma ko an biya diyyar da ta dace. Wanda aka tsare wa ɗa, sashe na 35 ne abin riƙonsa: a kai wanda ake tuhuma kotu cikin kwana ɗaya idan akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu, cikin kwana biyu ko abin da kotu ta ga ya dace. Sashe na 46 ya ba shi damar zuwa Babbar Kotu kai tsaye kan tauye haƙƙi.

Ba kowane mataki mai zafi ne ya cancanci sunan ba, kuma kundin da kansa ya yarda da haka. Sashe na 45 ya halatta taƙaita wasu haƙƙoƙi saboda tsaro ko lafiyar jama'a, muddin taƙaitawar abin karɓa ce a ƙasar dimokuraɗiyya. A ƙarshen Satumban 2021 an katse layukan waya a wasu sassan Jihar Kaduna, aka hana zirga-zirgar babura, don a toshe wa 'yan bindiga hanyar sadarwa da ta samun kaya. Gwamnati ta ce shawarar jami'an tsaro ce. Mazauna yankunan da abin ya shafa sun yi kukan cewa ba sa iya kiran agaji idan an kawo hari, masu sana'ar POS da 'yan acaɓa kuma abincinsu ya tsaya. An dawo da layukan a ƙarshen Nuwamba. Mai son auna irin wannan mataki yakan duba ko doka ta ba da izininsa, ko yana da ranar ƙarewa, ko nauyinsa ya yi daidai da barazanar, da ko wanda ya cutu yana da inda zai kai ƙara. Rufe Twitter da gwamnatin tarayya ta yi daga Yunin 2021 zuwa Janairun 2022 an gwada shi da irin wannan ma'auni a kotun ECOWAS, kuma kotun ta ce ya saɓa wa 'yancin faɗin albarkacin baki.

Ma'aunin da masana shari'a suka fi ba nauyi shi ne abin da ke faruwa bayan kotu ta yi magana. Sashe na 287 ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum bin hukuncin kotu. Tsohon mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro, Sambo Dasuki, ya samu beli daga kotuna fiye da sau ɗaya bayan kama shi a 2015, amma bai fita ba sai Disambar 2019, kuma hujjar gwamnati a lokacin ita ce tsaron ƙasa ya sha gaban haƙƙin mutum ɗaya. Lauyoyin da ba su da wata ƙauna ga wanda ake tuhumar ma sun yi magana, saboda takardar belin da aka ƙi girmamawa a Abuja iri ɗaya ce da wadda ɗan acaɓa zai riƙo daga kotun majistare a Kaduna ya miƙa a ofishin 'yan sanda.